Kowa na yabon sarin Banaras, amma wa ke ciyar da masaƙinsa?

Da wuya a samu matashin Bahaushe da bai taɓa kallon fim ɗin Indiya ba, ko da irin mai fassarar nan ne da ake turawa a waya. To idan ka taɓa kallo, ka san yadda ake fito da amarya ranar biki: jan sari mai nauyi, bakinsa na ƙyalli da zaren zinare, ana watsa mata furanni. Mu dai namu ido, sai mu ce kai, mutanen nan sun iya ado. Abin da kyamara ba ta haska mana shi ne ɗakin da aka saƙa tufar, da halin da mai saƙar yake ciki.

Can nake so mu leƙa yau. Kuma tun daga farko bari in faɗa maka inda na dosa. An saba cewa zamani ne ke kashe sana'o'in hannu na Indiya, wai inji ya zo, hannu dole ya ja baya. Ni a ganina wannan rabin magana ce. Abin da ya fi cin masu sana'ar shi ne ƙarya a kasuwa da rashin adalci wajen rabon riba. An bar jabu yana yawo da sunan na ainihi, an bar dillali yana kwashe romon, sannan a dawo ana yi wa mai sana'a kirari a ranar biki.

Mu fara da birnin Baranasi, wanda aka fi sani da Banaras, a bakin kogin Ganga cikin jihar Uttar Pradesh. Sarin silikin da ake saƙawa a nan shi ne burin amare da yawa a Indiya. Galibin masaƙan Musulmi ne da ake kira Ansari, suna zaune a tsofaffin unguwanni irin su Madanpura da Pili Kothi, kuma sana'ar gado ce, kaka da kakanni. Masaƙi yana zama ne ƙafafunsa cikin rami yana taka itatuwan masaƙa, hannunsa na jefa ƙoshiya. Kafin aiki ya iso gabansa ya bi ta hannun mutane da dama: mai zana furen a takarda, mai huda katin da zai bi da zanen, mai rina zare, sai matan gida da ke naɗe zare da gyara bayan sarin idan an gama. Sari guda yakan ci mako biyu zuwa wata ɗaya, mai aiki sosai kuwa har watanni shida yana kaiwa. Akwai wani salo da suke kira kadhuwa, inda ake saƙa kowane fure shi kaɗai da hannu, idan ka juya bayan tufar ba za ka ga zare yana reto ba. Wannan ba aikin gaggawa ba ne.

Yanzu ka ɗauki wannan ka ajiye gefen injin saƙa mai aiki da lantarki. Abin da hannu zai yi makonni yana yi, inji zai fitar da mai kama da shi cikin yini guda. A birnin Surat na jihar Gujarat, inda masaƙun inji suka yi yawa, ana kwaikwayon zanen Banaras da zaren roba da zaren ƙyalli na jabu, a sayar da shi a kan kuɗin da bai kai ko na zaren silikin ainihi ba. Har nan babu laifi, kowa da aljihunsa. Inda gizo ke saƙar shi ne lokacin da aka liƙa wa wannan kaya sunan Banaras, aka ce wa mai saye aikin hannu ne.

Ka yi tunani da kyau a kan abin da hakan ke haifarwa. Uwar amarya ta shiga shago, an baje mata sari biyu masu kama da juna, ɗaya ya ninka ɗaya kuɗi sau da yawa, kuma duk mai shago ya rantse na Banaras ne. Ba ta da hanyar tantancewa. Me za ta yi? Za ta ɗauki mai araha, ko kuma ta taya na ainihin da kuɗin jabu don tsoron kada a cuce ta. Ta haka farashin na gaskiya ke faɗuwa, ba don ya rasa masu so ba, sai don an rasa mai shaidarsa. Hausawa na cewa araha ba ta ado, amma fa sai idan mai saye ya san wanne ne mai arahar.

Alƙaluman gwamnatin Indiya da kanta sun nuna inda aka kwana. A ƙidayar masu saƙar hannu ta shekarar 1995 zuwa 1996, an samu mutum kimanin miliyan 6.5 da ke cin abinci a sana'ar a faɗin ƙasar. A ta 2009 zuwa 2010 sun koma miliyan 4.3. A ta 2019 zuwa 2020 sun sauko zuwa miliyan 3.5. Wato cikin shekara ashirin da biyar kusan rabi sun watse. Sama da kashi 70 cikin ɗari na waɗanda suka rage mata ne. Kuma wannan ƙidaya ta ƙarshe ta nuna kusan gida biyu cikin kowane gida uku na masaƙa ba sa samun rupi 5,000 a wata, abin da bai wuce dala 70 ba a canjin wancan lokaci. Gida guda fa, ba mutum guda ba.

Abin da ya sa lamarin ya fi ɗaure kai shi ne, babu ƙasar da ta ɗaukaka zare da masaƙa a tarihinta kamar Indiya. Akwai lokacin da yadin audugar Indiya ya cika kasuwannin Ingila har majalisar dokokin can ta kafa dokoki a 1700 da 1721 don taƙaita shi, saboda kare masaƙunta. Daga baya reshe ya juye da mujiya: injunan Ingila suka riƙa sayen audugar Indiya da araha suna mayar mata da yadi, masaƙan ƙauye suka rasa abin yi. Shi ya sa gwagwarmayar neman 'yanci ta ɗauki tufa a matsayin makami. A ranar 7 ga Agusta, 1905 aka ƙaddamar da yunƙurin ƙaurace wa kayan Ingila da rungumar na gida, wanda suke kira Swadeshi. Mahatma Gandhi ya zo ya mayar da keken kaɗi alamar 'yanci, yana kaɗa zarensa da hannunsa. Don tunawa da waccan rana, tun 2015 Indiya ke bikin Ranar Saƙar Hannu ta Ƙasa duk 7 ga Agusta. Firaminista Narendra Modi ne ya ƙaddamar da ita, kuma shi ne ɗan majalisar da ke wakiltar Baranasi tun 2014.

Dokoki ma ba a rasa ba. A 1985 an yi dokar da ta keɓe wasu tufafi 22 ta ce masaƙar hannu kaɗai za ta riƙa yin su. Masu injuna suka garzaya kotu, aka yi shekaru ana ja, a 1996 aka rage jerin zuwa 11, ciki har da wasu nau'o'in sari. A 2006 aka fito da tambarin da ke shaida cewa tufa saƙar hannu ce. A 2009 aka yi wa sarin Banaras rajistar asali, wato doka ta ce ba a kiran sari da wannan suna sai wanda aka saƙa a Baranasi da wasu gundumomin da ke kewaye da ita. A takarda komai ya ji. A kasuwa kuwa jabu na nan yana cin karensa babu babbaka, domin dokar da ba ta da mai bin sawunta ado ce kawai.

Sai kuma ga wasu matakai da suka zo suka ƙara wa Borno dawaki. A Nuwamban 2016 gwamnati ta soke manyan takardun kuɗi dare ɗaya, alhali sana'ar saƙa kusan duk da tsabar kuɗi ake yin ta. A Yulin 2017 sabon harajin kaya ya hau kan yadi, har da na saƙar hannu, da kashi 5 cikin ɗari. A 2020, ana tsakiyar kullen korona, bukukuwan aure sun tsaya cak, sai gwamnati ta rushe hukumar ba da shawara kan saƙar hannu da takwararta ta sauran sana'o'in hannu, kwanaki kaɗan kafin bikin ranar masaƙa. Ko me za a ce game da amfanin waɗannan hukumomi, nan ne wurin da wakilan masu sana'a ke zama teburi ɗaya da gwamnati.

To ko da an sayar da sari na ainihi a kan kuɗinsa, nawa ke isa hannun masaƙi? A Banaras akwai manyan 'yan kasuwa da ake kira gaddidar. Su ke da jari, su suka san masu saye a Delhi da Mumbai da ƙasashen waje. Masaƙi da yawa ba shi da kuɗin sayen siliki, don haka ana ba shi zare da zane, ya yi aiki a biya shi lada. Wani lokacin ma sai kaya ya shiga kafin ya ga kuɗinsa, idan kuma aka ce an ga aibi a jikin sarin a zaftare masa. Sunansa ba ya jikin tufar, mai saye bai san da zamansa ba. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Yanzu ka sa kanka a matsayin ɗan wannan masaƙi, saurayi sa'anmu mai shekara ashirin da 'yan kai. Ka tashi kana ganin idon mahaifinka yana raguwa, bayansa ya ranƙwafe, kuma har yau ana bin sa bashin kuɗin makaranta. Ga abokinka yana tuƙa keke mai ƙafa uku ko yana kai saƙon kaya a babur, kullum da yamma yana dawowa da kuɗi a hannu. Wanne za ka zaɓa? Kada mu yaudari kanmu. Masu zama a ofis mai sanyi suna kukan wai matasa sun guji gado, su fara tambayar kansu ko za su yarda 'ya'yansu su gaji wannan rayuwa. Ba a cin al'ada a ƙoshi. Kuma ranar da saurayin nan ya bar masaƙa, ba ma'aikaci ɗaya aka rasa ba. Ilimin da ke hannun mahaifinsa ba a littafi yake ba, a yatsu yake, kuma idan zuri'a ɗaya ta tsallake shi, shi ke nan ya tafi.

Ba masaƙa kaɗai abin ya shafa ba. A watan Yunin 2025 kamfanin kayan ƙawa na Italiya, Prada, ya nuna wasu takalman fata a bikin nuna tufafi na birnin Milan. Indiyawa na gani suka ce ai wannan takalmin Kolhapur ne, wanda dukawan jihohin Maharashtra da Karnataka suka yi ɗaruruwan shekaru suna ɗinkawa da hannu, kuma yana da rajistar asali tun 2019. Ba a ambaci sunansu ba a wurin bikin. Sai da aka yi ca a kafafen sada zumunta kafin kamfanin ya amsa cewa daga can ya samo salon. Su kuwa masu ɗinkin, galibinsu daga ƙabilun da tsarin jinsin Indiya ya danne suke, kuma abin da suke samu a kan takalmi ɗaya bai taka kara ya karya ba. Wani abin sha'awa, da ɓawon bagaruwa suke jeme fatar, itacen nan dai da majemanmu suka sani. Mu ma mun san zafin irin wannan: fatar jar akuyar Sakkwato ta daɗe tana ƙetare Sahara ana sayar da ita a Turai da sunan fatar Maroko.

Ka lura da abin da ya sa Prada ya yi magana. Ba doka ba ce, domin rajistar Indiya ba ta da ƙarfi a Milan. Surutun jama'a ne a waya. Riƙe wannan, za mu dawo kansa.

Na san wani zai ce, to malam, so kake a hana inji aiki? A'a. Indiya na da mutum sama da biliyan 1.4, hannu ba zai iya tufatar da su ba, kuma talaka na da haƙƙin ya sa sabon kaya ranar salla ko ranar Diwali daidai ƙarfinsa. Masu aiki a masaƙun inji su ma talakawa ne masu iyali. A Banaras ɗin kanta masaƙa da yawa sun ci bashi sun sayi inji don su tsira, shi ya sa a 2020 suka shiga yajin aiki lokacin da gwamnatin jihar ta taɓa rangwamen kuɗin wutar da suke samu tun 2006. Haka kuma bai kamata mu yi wa tsohuwar sana'a kwalliyar da ba ta da ita ba. A cikinta akwai sa yara aiki maimakon makaranta, akwai aikin mata da ba a lissafa shi a lada, akwai ƙaidin jinsi da ke ɗaure mutum a sana'ar da aka haife shi a ciki ko yana so ko ba ya so. Duk wanda ke son a adana wannan yadda yake don masu yawon buɗe ido su ɗauki hoto, ba masoyin masaƙa ba ne.

Tambayar da ta dace ita ce: injin nan, wa yake yi wa aiki? Labarin Chintakindi Mallesham na jihar Telangana ya amsa ta. A yankin Pochampally, kafin a rina zaren sari sai an naɗe shi a kan wasu turaku, aikin da suke kira asu, kuma mata ke yin sa. Mace za ta kai hannu ta dawo da shi sau dubbai saboda sari ɗaya, har kafaɗa ta lalace. Mallesham, ɗan masaƙa da bai yi nisa a boko ba, ya ga wahalar mahaifiyarsa, ya shafe shekaru yana haɗa ƙarafa, mutane na yi masa dariya. A 1999 ya kammala injin da ke yin wannan naɗi, ya sa masa sunan mahaifiyar tasa, Laxmi. Aikin da ke cin sa'o'i da dama ya koma na sa'a ɗaya da rabi. Injin bai kori masaƙi ba, ya ɗauke wahalar ya bar gwanintar. A 2017 Indiya ta ba shi lambar girmamawa ta Padma Shri, a 2019 aka yi fim a kan rayuwarsa. Kai ko katin hudar da masaƙan Banaras ke amfani da shi a yau, ai ƙirƙirar wani Bafaranshe ce mai suna Jacquard tun farkon ƙarni na 19, suka karɓa suka mayar da ita tasu. Masu sana'a ba sa gudun sabon abu idan zai amfane su.

Wasu jihohin ma sun gwada abin da ya wuce jawabi. Tun 2017 jihar Kerala ke raba wa ɗaliban firamare na makarantun gwamnati kayan makaranta na saƙar hannu kyauta, wato ta samar wa masaƙa kasuwar da ba ta yankewa. A 2023 jihar Assam ta hana sayar da kwaikwayon inji na wasu tufafinta na gargajiya, ciki har da ƙyallen girmamawa da suke kira gamosa. A shekarar dai gwamnatin tarayya ta ƙaddamar da shirin Vishwakarma na rupi biliyan 130 don sana'o'i 18, irin su ƙira da ginin tukwane da dukanci da kafinta, ana ba da horo da kayan aiki da rance mai sauƙi. Rance na da amfani, amma idan aka ba mutum bashi ya ƙara yawan kayan da jabu zai karya wa farashi gobe, an ƙara masa nauyi ne kawai. A fara tsare masa sunansa a kasuwa, a rage hannayen da ke tsakaninsa da mai saye, sauran za su biyo baya.

To mu ina ruwanmu? Idan gemun ɗan'uwanka ya kama da wuta, shafa wa naka ruwa. Indiya da ta yi doka, ta yi tambari, ta ware rana, ta ƙirga masaƙanta gida-gida, ga inda take. Mu da marinar Ƙofar Mata ke nan tun 1498 amma karofi da yawa sun bushe, mu da hular inji ta cika kasuwa ana sayar da ita kafaɗa da kafaɗa da ɗinkin hannun da mace ta yi makonni a kansa, me muka tanada?

Ba sai mun jira gwamnati ba kafin mu yi namu. Idan za ka sayi hula ko takalmi ko rini, tambayi mai shago: na hannu ne ko na inji? Ka sayi wanda aljihunka zai iya, babu kunya a ciki, amma kada ka yarda a haɗa maka su a suna ɗaya. Idan kuma ka tabbatar na hannu ne, don Allah rage tayin wulaƙanci. Mu ne za mu biya kuɗin takalmin kanti ba musu, amma mu tsaya muna ja-in-ja da tsoho a kan abin da ya yi kwana uku yana yi. Ke mai sayar da kaya a Instagram da WhatsApp, faɗi gaskiyar abin da kike sayarwa, kuma ki ambaci garin da aka yi shi da hannun da ya yi. Kai mai ɗora bidiyo a TikTok, wayar da ta sa babban kamfani a Milan ya amsa sunan dukawan Kolhapur irin ta hannunka ce. Akwai mai sana'a a unguwarku da duniya ba ta san da shi ba, kuma ba shi da ɗan da zai buɗe masa shafi.

Zamani riga ne, ba mai hana shi zuwa. Amma ba zamani ne ya ce a yi ƙarya a kan kaya ba, ba shi ya ce wanda ya yi wata guda a bakin masaƙa ya fi kowa ƙarancin rabo ba. Wannan mutane ne suka tsara shi, kuma mutane na iya gyara shi. Ranar da ɗan masaƙin Banaras zai iya auren fari, ya biya haya, ya sa ɗansa a makaranta da kuɗin saƙa, ba sai an roƙe shi ya riƙe gado ba, da kansa zai zauna.